Wai duk ginin bautar Hindu iri ɗaya ne? Ni dai ban yarda ba

Ranar Asabar da daddare muna zaune a ƙofar gida bayan sallar isha'i, an ɗauke wuta, ƙanena ya jingina da bango yana kallon fim ɗin Indiya na fassara a waya mu kuma muna leƙawa ta kafaɗarsa. Sai aka nuno wata doguwar hasumiya mai hawa-hawa, an cika ta da mutum-mutumi ja da kore da shuɗi tun daga ƙasa har sama. Wani abokinmu ya ja tsaki ya ce, "Kai su dai Indiyawan nan ginin bautarsu guda ɗaya ne, in ka ga ɗaya ka ga dubu." Kowa ya gyaɗa kai aka ci gaba da kallo.

Ni kuwa maganar ta tsaya min a rai har na kwanta ban daina juya ta ba.

Bari in faɗi matsayata tun yanzu. Ba iri ɗaya ba ne, ko kusa. Ginin da ake bauta a cikinsa a jihar Tamil Nadu da wanda ake yi a Odisha da na Kerala da na Bengal da na kan duwatsun Himalaya, bambancinsu ya kai na masallacin Agadas da masallacin Istanbul. Kowanne ƙasar da yake tsaye a kanta ce ta tsara shi, ruwan samanta da dutsenta da itacenta da sarakunanta. Abin da ya fi damuna kuma shi ne su kansu masu abin sun kama hanyar mayar da maganar abokin nan nawa gaskiya, da siminti da fenti da tayil, kuma a ganina wannan babbar asara ce ga duk wanda ya san darajar gini.

Kakana magini ne. Da hannunsa ya yi tubali, ya jera azara, ya ɗaura guga, ya fitar da zanko a kan soro. Ina yaro in muna tafiya a cikin gari sai ya tsaya gaban wani tsohon zaure ya ce min, "Dubi nan, wannan hannun mutanen Zazzau ne," kuma tun daga nesa yake ganewa. Daga wurinsa na koyi cewa gini yana da karin harshe kamar yadda Basakkwace da Bakano suke da shi. Shi ya sa in na ji an ce duk ginin wasu mutane ɗaya ne sai in ji kamar an ce duk Hausa ɗaya ce daga Damagaram har Kumasi.

Abin da na gani da idona

Shekaru kaɗan da suka wuce na raka kawuna asibiti a Chennai, mun yi kusan wata guda. Wanda ya taɓa jinya a ƙasar waje ya san yadda lokaci ke tsayawa, kana zaune kana jiran sakamakon gwaji ba ka da abin yi. Sai in shiga a-daidaita-sahunsu in zaga gari. A unguwar Mylapore na fara ganin irin hasumiyar nan ta cikin fim, ta wurin bautar Kapaleeshwarar. Na ɗauka ita ce ɗakin bautar. Ashe ƙofa ce kawai, sunanta gopuram. Ainihin ɗakin yana can ciki, gajere ne, daga titi ba ka ma hango shi. Na tsaya a bakin titi tsakanin masu sayar da furanni da kwakwa ina kallonta, abin da ya faɗo min a rai shi ne zaure, yadda a gidan sarauta ake zuba duk gwaninta a zaure da ƙofar fada, cikin gida kuwa a ɓoye yake.

Wata ranar da kawu ya ɗan samu sauƙi ya ce, "Ɗana je ka sha iska, kar ka zauna kana kallona kamar mai gadi." Sai na shiga mota zuwa Mahabalipuram, wajen kilomita 60 kudu da Chennai. Akwai wani gini a bakin teku da sarakunan Pallava suka yi a farkon ƙarni na 8. Ba fenti ko ɗigo, dutse ne zalla, iskar gishiri ta shekara 1,300 ta lashe fuskokin sassaƙar har sun koma kamar sabulun da aka daɗe ana wanka da shi. Na ɗora tafin hannu a jikin bangon na ji shi da kaushi da ɗumin rana. A hanyar shiga garin kuwa ko ta ina ƙarar guduma da cizal kake ji, masassaƙa suna zaune a ƙofar shaguna farar ƙura ta rufe musu gashi da gira, don har yau garin masu sassaƙar dutse ne, akwai ma kwalejin gwamnati ta koyar da wannan sana'a da aka kafa tun 1957.

Wurare biyu kenan a jiha ɗaya, tafiyar awa ɗaya da rabi, kuma ba su yi kama da juna ba. To ina ga an tsallaka zuwa arewa?

A taƙaice masana sun raba su gida uku. Na arewa ana ce masa Nagara, hasumiyarsa tana kan ɗakin bautar ne kai tsaye, tana lanƙwasa ciki a hankali kamar kan masara ko rumbun da aka ja shi sama, sunanta shikara. Na kudu Dravida ne, nasa yana tashi hawa-hawa kamar dala, kowane hawa ya fi na ƙasansa ƙanƙanta. Na tsakiya kuma, yankin Karnataka, ana ce masa Vesara, ya ɗebo daga nan ya ɗebo daga can. Akwai wani ƙauye da ake kira Pattadakal inda sarakunan Chalukya suka gina na arewa da na kudu a fili ɗaya a ƙarni na 7 da na 8, kamar an jera su ne don a kwatanta. Mafi girma a cikinsu ma mace ce ta sa aka gina, sarauniya Lokamahadevi, wajen shekara ta 740.

"Malam me ya haɗa Musulmi da ɗakin gunki?"

Na san wannan ce tambayar farko, kuma ban raina ta ba don ni ma na yi wa kaina ita a bakin titin Mylapore. Ni Musulmi ne, ba na bauta wa kowa sai Allah, kuma ban shiga ɗakin da suke ajiye abin bautarsu ba, a wurare da yawa ma ba a barin wanda ba Hindu ba ya shiga, kamar na Jagannath da ke Puri. Amma sanin yadda aka ɗora dutse kan dutse ba sujada ba ce. Likitan da ya yi wa kawuna aiki da jan ɗigo a goshinsa yake zuwa asibiti, ba wanda ya ce a fasa aikin saboda haka, mun karɓi iliminsa mun bar masa addininsa.

Kuma ba mu muka fara ba. Al-Biruni, babban malamin Musulunci, ya koyi harshen Sanskrit ya rubuta littafi guda a kan mutanen Indiya wajen shekara ta 1030, ya bayyana aƙidarsu ba tare da ya bi ta ba, har ya yaba tafkunan da suke ginawa da matakalar dutse ya ce mutanenmu in sun gan su mamaki suke yi. Alƙur'ani ya ce an yi mu al'ummu da ƙabilu ne don mu san juna. Sanin juna kuwa ba ya yiwuwa in ka tattara mutum sama da biliyan ɗaya ka ce in ka ga ɗaya ka ga dubu.

Akwai ma abin da mutanenmu da yawa ba su sani ba, tsofaffin masallatan Indiya da wannan karin harshen na yankinsu suke magana. Masallacin Mishkal da ke Kozhikode a Kerala, tun ƙarni na 14, ba shi da ƙubba ba shi da hasumiya, katako ne da rufi mai gangara hawa-hawa, don kafintocin garin da suka saba irin wannan aikin su suka yi shi. A Ahmedabad akwai masallacin Sidi Saiyyed na wajen 1573, wanda ya gina shi ɗan asalin Habasha ne, tagoginsa dutse ne da aka huda aka fitar da bishiya da rassanta kamar saƙa, aikin masassaƙan Gujarat ne da suka gaji sana'ar kaka da kakanni. Duk mai son ya fahimci ginin Musulmin Indiya dole ya bi ta kan wannan tarihin.

"Ai littafi ɗaya suke bi, bambancin ado ne kawai"

Wannan ma akwai ƙamshin gaskiya a ciki. Suna da tsofaffin littattafan ƙa'idar gini, kuma kusan ko'ina za ka tarar da ƙaramin ɗaki mai duhu a tsakiya da suke kira garbhagriha, da rumfa a gabansa, da hanyar zagayawa. Amma mu ma ai kowane masallaci yana da alƙibla da mihrabi da sahu, wannan bai sa na Djenne ya zama na Madina ba. Ƙa'ida tana gaya maka abin da dole ya kasance, ƙasa kuma ita ke gaya maka da me za ka yi shi.

Ɗauki Kerala. Ruwan da ake yi a can a shekara ya kai wajen milimita 3,000, Kano kuwa da ƙyar take ganin 1,000. Ka gina doguwar hasumiyar dutse mai lungu-lungu a irin wannan damina, gansakuka da saiwar bishiya ne za su cinye ta. Sai suka yi nasu gajere, gindi na dutse, bango na marmara irin jar nan da muke haƙa, rufi na katako mai gangara sosai an lulluɓe shi da tayil ɗin yumɓu ko fallen jan ƙarfe, bakin rufin ya sauko ƙasa-ƙasa yana kare bango daga feshin ruwa. Wasu ɗakunan ma zagayayyu ne kamar ɗakin kara. Ka nuna wa mutum hoton wurin bautar Vadakkunnathan da ke Thrissur a Kerala ka nuna masa na Madurai a Tamil Nadu mai dogayen gopuram, ba zai yarda addini ɗaya ne ba.

Bengal kuma ƙasar laka ce, bakin manyan koguna, dutse ya yi ƙaranci. Sai suka koma ga bulo gasasshe. Abin da ya fi burge ni a nan shi ne fasalin da suka ɗauka, bukkar manomi suka kwaikwaya. Jinkar Bengal ana yinta ne da gora da ake lanƙwasawa, sai bakin rufin ya yi baka kamar gira don ruwa ya zube da sauri. A garin Bishnupur sarakunan Malla suka mayar da wannan bukka ta bulo, akwai wanda ake kira Jor Bangla na 1655, bukka biyu ne a manne da juna, an lulluɓe bangon da ƙananan allunan gasasshen yumɓu masu hoton mafarauta da jiragen ruwa da mayaƙa. Wannan lanƙwasasshen rufi yana jikin gine-ginen sarakunan Musulmin Bengal tun kafin nan, daga baya har sarki Shah Jahan ya sa aka yi masa irinsa da farin mabul a fadar Lahore. Bukkar talaka ce ta yi tafiya har fadar sarki.

Can kan duwatsun Himachal matsalarsu biyu, dusar ƙanƙara da girgizar ƙasa. Girgizar Kangra ta 1905 kaɗai ta kashe mutum wajen 20,000. Maginansu sai suke jera katako layi ɗaya dutse layi ɗaya, ba tare da kwaɓi ba, katakon ya sarƙe da juna a kusurwa, in ƙasa ta motsa bangon ya ɗan motsa tare da ita maimakon ya tsage. Suna kiran wannan kath-kuni. Na Hidimba da ke Manali, na 1553, katako ne mai rufi hawa-hawa a tsakiyar dajin dogayen itatuwa. Wa zai kira wannan ado? Dabarar tsira da rai ce.

Ko a inda kowa dutse yake amfani da shi, irin dutsen ne ke juya hannun masassaƙi. Sarakunan Hoysala a Karnataka sun samu wani dutse mai laushi wanda yake yankuwa cikin sauƙi in an haƙo shi, shi ya sa a Belur, wanda aka fara a 1117, da Halebidu za ka ga an sassaƙa awarwaro da sarƙar wuya da ƙwayar dutsen ado ɗaya bayan ɗaya kamar aikin maƙerin zinariya, ginin kansa kuma yana zaune a kan dandamali mai fasalin tauraro. Sarakunan Chola kuwa da dutse mai tsananin tauri suka yi aiki, wanda ba ya karɓar irin wannan ƙananan zane, sai suka nuna ƙarfinsu ta wajen girma. Brihadisvara da ke Thanjavur, wanda sarki Rajaraja ya kammala a 1010, hasumiyarsa ta haura mita 60, dutsen da ke kan ƙololuwarta ana ƙiyasta nauyinsa da tan 80, kuma yankin fadama ce ta noman shinkafa, daga nesa aka jawo duwatsun. Ba kuren ba tirela. Duk lokacin da na tuna wannan sai in tuna kakana yana cewa magini na gaske da igiya da ido yake aiki.

A Ellora ma ba gini aka yi ba. Dutse guda aka samu a ƙarni na 8 aka fara sara daga sama ana gangarowa, har aka fitar da wurin bautar Kailasa gaba ɗayansa da ginshiƙansa da giwayensa. In ka yi kuskuren sara ɗaya ba gyara.

Sai batun ƙofofin nan na kudu da muke gani a fim. A Thanjavur hasumiyar ɗakin ce ta fi komai tsawo. Daga baya lamarin ya juye, sarakunan da suka biyo baya ba sa son taɓa tsohon ɗakin saboda tsarkinsa a wurinsu, sai kowa ya zo ya ƙara katanga daga waje ya yi ƙofar da ta fi ta wanda ya gabace shi. Haka Srirangam ya zama katanga bakwai ɗaya cikin ɗaya a fili mai eka 156, da gopuram 21, a cikin katangun waje akwai tituna da gidaje da shaguna, gari ne sosai. Babbar ƙofar ma da ta haura mita 70 sai a 1987 aka ƙarasa ta. Na Meenakshi da ke Madurai yana da guda 14. Saboda haka in ka ga irin wannan hasumiya a fim, ka san labarin a kudu yake, kuma finafinan da ake fassara mana yanzu da yawansu na Telugu da Tamil ne, shi ya sa idonmu ya saba da ita har muka ɗauka ita ce Indiya duka. Ɗan Odisha nasa daban ne, doguwar hasumiya mai kusan miƙewa sai can sama ta lanƙwasa, da rumfa mai rufin dala a gabanta, kamar Lingaraj da ke Bhubaneswar. A Konark kuwa wajen 1250 suka yi ginin gaba ɗaya a siffar keken doki, da ƙafafu 24 na dutse da dawakai bakwai suna ja.

"To ai wurin ibada ne ba gidan tarihi ba, a bar mutane su gyara abinsu"

Wannan ce hujjar da ta fi ƙarfi, kuma ita ce ta fi daɗewa tana ja da ni. Gaskiya ne siminti ya fi arha ya fi sauri, kuma magini mai sanin tsohuwar sana'a ya yi ƙaranci ga tsada. Gaskiya ne kuma a Tamil Nadu al'adarsu ce duk bayan shekara 12 a sabunta wurin bauta a sake fentin gopuram, don haka launin nan mai ɗaukar ido ba ɓarna ba ce, haka abin yake. Mutumin ƙauyen da rufin wurin ibadarsa ke yoyo ba za ka ce masa ya jira masanin tarihi daga birni ba.

Amma gyara daban, shafewa daban. Abin da ya faru a wurare da dama shi ne ɗan kwangila ya zo da injin feshin yashi don ya wanke tsohon bango ya yi fes, sai yashin ya cinye rubutun da ke jikin dutsen. Wani ya manna tayil ɗin banɗaki a kan bangon shekara 800. Wani ya rushe ƙaramin tsohon gini ya zuba rodi da kankare a gurbinsa. Abin ya yi yawa har ya kai gaban babbar kotun Madras da ke Chennai, aka gayyato masana daga UNESCO suka zagaya suka duba, rahotonsu na 2017 ya tabbatar an yi ɓarna da sunan gyara.

Kar ka ɗauka rubutun nan addu'o'i ne kawai. Bangon Thanjavur yana ɗauke da lissafin ma'aikata da albashinsu, har da sunayen mata 400 masu rawa da garuruwan da aka ɗauko su. A Uttaramerur akwai rubutu na wajen shekara ta 920 da ya bayyana yadda ake zaɓen 'yan majalisar ƙauye, a rubuta sunaye a ganyen giginya a zuba a tukunya a sa yaro ƙarami ya zaro, da sharuɗɗan wanda ya cancanta da wanda aka haramta wa tsayawa saboda bai ba da lissafin dukiyar jama'a ba. Wannan kundin tarihin talakawa ne. In injin yashi ya bi ta kansa na minti goma shikenan.

Sannan batun arha ma a duba shi da kyau. Rufin kankare shimfiɗaɗɗe a ƙasar da ake ruwan milimita 3,000, shekara nawa zai yi kafin rodin ciki ya yi tsatsa ya fara fasa shi? Wurin bautar Ramappa da ke Telangana tun 1213 yake tsaye, an zuba yashi a ƙarƙashin harsashinsa, an yi hasumiyarsa da wani bulo marar nauyi don kar ta danne ginin. Shekara 800 kenan. Wane ɗan kwangila ne yau zai sa hannu a takarda ya ce nasa zai kai 100?

Abin da ya ci Doma kuwa ba ya barin Awai. Ka zaga garuruwanmu ka dubi sababbin masallatai, koren ƙubba na kwano, tayil, tagar alminiyom, daga Maraɗi har Yola kamar injin ɗaya ne ya haife su, ga zafi a ciki in an ɗauke wuta. Alhali muna da hannun Babban Gwani Muhammadu Durugu a masallacin Juma'a na Zariya, muna da hasumiyar Agadas mai mita 27 da itatuwanta a tsire a jiki, muna da Gobarau a Katsina. Yaro nawa ne yau a gidan magina ya iya ɗaurin guga? A gidanmu dai da kakana aka binne shi, kuma wannan yana min ciwo har yau.

Maganar Babri

Ba zan tsallake ta ba don na san tana zuciyar mai karatu. Ranar 6 ga Disamba 1992 gungun masu tsattsauran ra'ayin Hindu suka rushe masallacin Babri a Ayodhya, masallacin ƙarni na 16, rikicin da ya biyo baya ya ci rayuka wajen 2,000. A 2019 kotun ƙolin Indiya ta ce rushewar ta saɓa doka amma ta ba da filin a gina wurin bautar Ram, ɗaya daga cikin abubuwan bautar Hindu, aka ba Musulmi eka 5 a wani wuri, aka buɗe sabon ginin ranar 22 ga Janairu 2024. Wannan abu zalunci ne a wurina kuma ba na ɓoyewa.

Sai dai ban ga yadda jahiltar ginin Kerala zai rama wa Babri ba. Hasali ma masu wannan aƙida su ne suka fi kowa son a ce Indiya abu ɗaya ce, addini ɗaya, harshe ɗaya, fasali ɗaya. Tsofaffin gine-ginen nan kuwa suna ƙaryata su ba tare da sun yi magana ba, rufin da ke kan wurin bautar Bishnupur shi ne a kan ginin sarkin Musulmi, kafintan da ya iya rufin wurin bautar Kerala shi ya iya na masallacin Kozhikode. In muka ce duk ɗaya ne, mun taya su aikinsu ba mu sani ba.

Akwai kuma manyan sababbin da ake ginawa a ƙasashen waje, na Neasden a Landan a 1995, na New Jersey a Amurka a 2023, na Abu Dhabi a 2024. Aikin hannu ne na gaske, a Indiya ake sassaƙa duwatsun a loda su a jirgin ruwa a je a harhaɗa, kuma sun raya sana'ar dubban masassaƙa, ban hana su wannan yabon ba. Amma kusan duk salon yammacin Indiya ne, kuma da yake su ne suka fi yawo a intanet sai su zama su ne fuskar abin a idon duniya. Da can ba haka addinin ya yi tafiya ba. A Kambodiya ya zama Angkor Wat a ƙarni na 12, da faffaɗan ramin ruwa kewaye da shi. A Java ya zama Prambanan a ƙarni na 9, siriri mai tsini, mita 47. A Bali kuwa har yau hasumiyarsu jinka ce hawa-hawa da baƙin zaren wata bishiya dangin kwakwa, a fili ba rufaffen ɗaki ba. Kowane tsuntsu ya yi kukan gidansu.

Washegari da yamma na samu abokin nan nawa a shagonsa na nuna masa hotuna uku a waya, na Madurai da na Thrissur da Jor Bangla, ban gaya masa komai ba na ce ya faɗa min me ya gani. Na farko ya gane shi nan take. Na biyu ya ce gidan wani attajiri ne a Chana. Na ukun ya daɗe yana kallo yana buɗa hoton da yatsa biyu, sannan ya ce, "Wannan ai bukka ce, wa ya yi bukka da jan bulo?" Na ce masa duka ukun wurin bautar Hindu ne. Ya ce shi dai har yanzu ba ruwansa da su, na ce ban nemi ya zama da ruwansa ba. Sai ya sake karɓar wayar ya koma kan na Thrissur ɗin yana tambayata ko wane irin katako ne wannan da yake shan ruwa haka bai ruɓe ba, don rufin shagonsa na kwano bana ma sai da ya yi yoyo.